Guntun Gatarin Mustafa Alasan

A shekarar 1962, Nijar tana da shekara biyu kacal da samun mulkin kai. Babu gidan talabijin a ƙasar, babu wurin wanke fim, babu makarantar da ake koyar da shi. A wannan shekarar ce wani saurayi ɗan shekara ashirin, wanda sana'ar da ya koya ita ce kanikanci, ya saɓa kyamara ya nufi wani ƙauyen Zabarmawa a bakin kogin Isa, wanda 'yan'uwanmu na Najeriya ke kira Kwara. Ya bi saurayi da budurwa tun daga haɗuwarsu a bakin ruwa, zuwa neman aure, zuwa kai dukiya, har ranar buki. Ya sa wa fim ɗin suna Aouré. Tsawonsa kamar rabin awa ne. Sai a shekarar da ta biyo baya Usman Sembene na Senegal ya fitar da Borom Sarret, fim ɗin da littattafai da yawa ke buɗe tarihin siliman Afirka da shi. Sunan wannan saurayi Mustafa Alasan, kuma mu mutanen Adar muna da haƙƙin mu kira shi namu, domin a Tawa ya zaɓi ya zauna ya ƙarasa aikinsa.

Sai mutum ya san irin ƙullin da aka yi wa wannan sana'a kafin ya gane girman abin da ya faru. Tun 1934 Faransa ta kafa wata doka da ake kira da sunan Pierre Laval, ministan ƙasashen da take mulka a lokacin. Dokar ta ce ba mai ɗaukar fim a waɗannan ƙasashe sai da iznin hukuma, kuma sai an duba abin da zai ɗauka. A aikace, baƙar fata bai samu wannan izni ba. Shi ya sa Paulin Vieyra da abokansa, da suka so yin fim a 1955, a birnin Faris suka yi shi, suka kira shi Afrique sur Seine. Gidajen silima kuma suna hannun kamfanonin Faransa guda biyu, COMACICO da SECMA, su ke zaɓar abin da mutumin Yamai ko Damagaram zai kalla: kaboyi daga Amurka, rawa da waƙa daga Indiya. A ƙetaren iyaka, a ƙasar da Ingilishi ke mulka, motar majigi ce ke yawo gari-gari, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada a nuna wa talakawa yadda ake noman auduga da tsabtar gida. Ko ta wane gefe ka duba, mu masu kallo ne, ko kuma waɗanda ake kallo. Mai riƙe da kyamara wani ne daban.

Mustafa bai jira an buɗe masa ƙofar ba. An haife shi a 1942, kuma ya sha ba da labarin cewa tun yana yaro, kafin ya san akwai wani abu wai shi silima, yakan yanka kwali ya fitar da siffar mutane da dabbobi, ya sa fitila a baya, ya motsa su, inuwarsu ta faɗa kan ƙyalle. Da dare jama'a su taru su kalla. Wannan labari yana taɓa ni ƙwarai, domin duk wanda ya tashi a gidan da ba lantarki ya san wasan nan: a haɗa yatsu gaban aci-balbal a fitar da kan zomo ko bakin kare a jikin bango, ƙanne suna ihu. Dukanmu mun yi, muka girma muka bari. Shi bai bari ba. Ya haɗa iya zane da hannun bakanike, wanda in ya ga na'ura ba ya tsoronta, sai dai ya kwance ta ya ga abin da ke juya ta.

A Yamai, a cibiyar bincike ta IFAN, ya haɗu da Jean Rouch. Shi Rouch Bafaranshe ne da ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya, ya ƙulla abota da Damure Zika, ɗan masuntan bakin kogi, daga baya ya koma ɗaukar fina-finan al'adu, na bori da farauta da tafiyar cin rani. Rouch ya ga zanen Mustafa, ya gane abin da ke hannunsa, ya buɗe masa hanyar koyon aiki da kyamara. Ana iya faɗin abubuwa da yawa a kan Rouch, kuma an faɗa. Sembene ya taɓa yi masa ƙorafi ido da ido cewa yana kallon 'yan Afirka kamar mai nazarin ƙwari. Amma gaskiya ita ce mutanen da suka bi ta hannunsa a Nijar ba su zauna a inuwarsa ba. Umaru Ganda, wanda ya yi soja a yaƙin Indocin yana ɗan saurayi, ya dawo ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa ta Abijan, shi ne tauraron fim ɗin Rouch mai suna Moi, un noir na 1958. Bayan shekara goma ya ɗauki kyamara da kansa ya ba da labarin tsohon soja da bakinsa a cikin Cabascabo, aka nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a 1969. Mustafa kuwa tun daga farko ya kama hanyar da ba ta Rouch ba.

A cikin wannan shekara ta 1962 ya yi La Bague du roi Koda, labarin azzalumin sarki da ya ba wani masunci ajiyar zobe, da sharaɗin in ya ɓata a bakin ransa. Sarki ya bi ta wurin matar masuncin ya karɓe zoben a ɓoye, ya jefa shi a kogi. Ranar da aka nemi ajiya, sai ga zobe a cikin kifin da masuncin ya kama. Bahaushe zai ji labarin nan kamar a tsakar gidansu, domin muna da irinsa, na mutumin nan da ya ƙi faɗin komai a gaban sarki sai dai ya ce ba sarki sai Allah. Tun a nan aka ga rijiyar da Mustafa zai yi ta ɗiba har ƙarshen ransa: tatsuniya da labarin baka, da ido mai lura da yadda masu mulki ke wasa da talaka.

Daga nan ya tafi Kanada, hukumar fina-finai ta ƙasar da ke Montreal, inda Norman McLaren yake. McLaren gwani ne na zane mai motsi, mutumin da kan zana hoto kai tsaye a jikin zaren fim ba tare da kyamara ba. Ga wanda bai san aikin ba, ga yadda yake. Fim yana tafiya ne da hoto 24 a cikin daƙiƙa ɗaya. Mai katun zai zana kwaɗo, ya ɗauka, ya sake zana shi ƙafarsa ta ɗan ɗaga, ya ɗauka, haka har kwaɗon ya yi taku ɗaya. Fim na minti biyar hoto 7,200 ne. Ko da an bar kowane zane ya tsaya sau biyu, ko an maimaita wasu, aikin na mai haƙuri ne irin na mai ɗinkin hula, allura ɗaya bayan ɗaya. Manyan kamfanoni ɗakuna suke cikawa da masu zane. Mustafa shi kaɗai yake zama da alƙalami.

Da wannan haƙuri ya yi La Mort de Gandji a 1965, wanda ya samu kyauta a bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966. A 1966 kuma ya yi Bon voyage Sim. Minti biyar ne, baƙin layi a kan farar takarda. Sim shugaban jamhuriyar kwaɗi ne, an gayyace shi ziyarar aiki a maƙwabciyar ƙasa. Ga rakiya zuwa filin jirgi, ga tarba, ga faretin soja, ga gaisuwar ban girma, kowa kwaɗo, kowa ya cika ya batse. Lokacin da na fara ganinsa, abin da ya kama ni shi ne ba a zagi kowa ba, ba a ambaci sunan kowa ba, amma duk wanda ya taɓa tsayawa cikin rana a bakin titi yana ɗan makaranta, da ƙaramar tuta a hannu, yana jiran wucewar babban baƙo, zai gane kansa a ciki. An yi wannan a zamanin shugaba Diori Hamani, lokacin jam'iyya ɗaya, lokacin da ba a faɗin irin wannan magana a fili. Tatsuniya ta daɗe da koya mana cewa abin da ba ya faɗuwa a kan sarki yana faɗuwa a kan zaki da kura.

Fim ɗinsa da ya fi yin suna shi ne Le Retour d'un aventurier, shi ma na 1966. Jimi ya dawo daga tafiya ƙasar waje da akwati cike da tsaraba ga abokansa: faffaɗar hula, takalmi mai tsini, bindiga a ƙugu. Suka sa kaya, suka hau dawaki, suka yar da sunayen da iyaye suka raɗa musu suka ɗauki na kaboyi, wannan Black Cooper, wancan Casse-Tout, yarinyar cikinsu Reine Christine. Wasa ya fara da dariya, ya koma sata da duka da raina dattawa, har aka kai ga zubar da jini. Akwai wurin da za ka ga kaboyin nan suna sukuwa a daji ga raƙuman dawa suna gudu a gabansu. Mutanen waje sun kira shi fim ɗin kaboyi na farko a Afirka, suka tsaya a kan ban dariyarsa. Ni abin da nake gani a ciki gargaɗi ne. Mutumin da ya san silima ciki da waje yana gaya wa mutanensa cewa hoton da kake ci kullum yana iya canza maka ɗa a cikin gidanka. Muhawarar da malamai da iyaye suka shafe shekaru suna yi a Kano kan rawa da waƙar Indiya a fim ɗin Hausa, Mustafa ya riga ya buɗe ta tun kafin a haifi yawancin masu yinta, kuma da kyamara ya yi ta, ba da hani ba.

A wannan fim ɗin Zalika Sule ta fara fitowa, ita da aka san ta daga baya a matsayin ɗaya daga cikin matan farko da suka riƙi wasan fim sana'a a Afirka ta Yamma. A cikinsa kuma Jingare Maiga ya fito, wanda ya zama darakta mai zaman kansa. Shekarun da suka biyo baya su ne ganiyar siliman Nijar. An kafa bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1969, kuma da aka fara ba da babbar kyautarsa a 1972, Umaru Ganda ne ya ɗauke ta da Le Wazzou polygame. A wannan shekarar Mustafa ya fitar da dogon fim ɗinsa, F.V.V.A., haruffan farko na kalmomin Faransanci huɗu: mata, motoci, gidaje, kuɗi. Labarin Ali ne, ƙaramin ma'aikaci da son burga da nauyin dangi suka tura shi ya sa hannu a kuɗin da ba nasa ba, ya ƙare a gidan kaso. A 1973, ana tsakiyar farin da ya kashe dabbobi ya tarwatsa ƙauyuka a Sahel, ya yi Toula tare da Bajamushiya Anna Soehring, daga wani labari na marubuci Bubu Hama. Ruwa ya ƙafe, boka ya ce sai an ba da budurwa ga aljanin tafki, saurayinta ya tafi neman ruwa don ya cece ta, ya dawo an riga an gama. Mutanen da suka kalli wannan fim a lokacin ba labarin da can suke kallo ba.

Akwai ɓangaren aikinsa da ba a cika magana a kansa ba, kuma shi ya fi tsaya mini a rai: fina-finan gaskiya, waɗanda galibi ba wasa ake yi a cikinsu ba. Ya ɗauki Malbaza, garin siminti. Ya ƙetara Najeriya a 1973 ya ɗauki naɗin sarauta a Shaki ta ƙasar Yarbawa. A 1969 ya zaunar da Albarka Cibaw, mashahurin mai ba da labari na Tawa, gaban kyamara, ya bar shi ya yi abin da ya iya da Hausarsa, sannan ya sa 'yan wasa suka nuna labarin. Ka yi tunanin masu hikima nawa irin Albarka aka binne a ƙasar Hausa da duk abin da ke cikin kansu, ba murya, ba hoto. Shi an ga yadda yake ɗaga hannu, an ji inda yake jan numfashi kafin ya saki magana. Rubutu ba ya kama wannan.

Kada a ɗauka aikin yana da sauƙi a wancan zamani. Fim na milimita 16 ake ɗauka, mai tsada, kuma ba ka ganin abin da ka ɗauka. Sai an naɗe shi an rufe cikin gwangwani, an kare shi daga zafi da ƙurar hunturu, an aika Faransa a wanke. In haske ya yi yawa ko ya kasa, sai bayan makonni za ka sani, lokacin da buki ya watse, 'yan wasa sun koma gona. Yanka da haɗawa ma galibi a Faris ake yi, a ofishin silima na ma'aikatar haɗin gwiwa ta Faransa, wadda ke ba da ɗan tallafi ta kuma riƙe haƙƙin nunawa a cibiyoyinta. In an gama, gidajen silima na gida ba sa ɗauka, domin masu su sun fi samun riba da tsohon fim ɗin waje. Wannan ne ya sa Mustafa ya riƙa loda majigi a mota yana kai fim ƙauyuka da kansa. Ya kuma shugabanci sashen silima na jami'ar Yamai har shekara 15.

Daga shekarun 1980 abubuwa suka juya baya. Umaru Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981. Farashin yuraniyom ya faɗi, aljihun gwamnati ya bushe, bidiyo ya shigo gidaje, gidajen silima suka yi ta rufewa. Wanda ke son ganin abin da wannan ya yi wa mutane ya nemi fim ɗin Rahmatu Keita mai suna Al'lèèssi, inda aka nuna Zalika Sule cikin ƙuncin rayuwa a Yamai, tana ba da labarin yadda jama'a suka riƙa jifanta da halin matan da ta fito a matsayinsu. Da yawa daga cikin 'yan fim suka ajiye kyamara suna jiran ranar da tallafi zai dawo.

Mustafa ya koma Tawa. Ya buɗe ɗan otal, abin da ya samu daga baƙi ya zuba a aiki, wasu ɗakunan ya mai da su wurin ɗaukar fim. Tun a 1977 ya riga ya gwada 'yan tsana a Samba le grand, fim mai launi. A Tawa ya ci gaba da ƙera su da waya da tsumma da katako, yana motsa hannun kowace kaɗan-kaɗan yana ɗauka. Da su ya yi Kokoa, inda kwaɗi da hawainiya da tsuntsaye ke shiga fili suna kokawa, ga makaɗa, ga 'yan kallo. Ba a banza ya zaɓi wannan ba: a Tawa aka yi gasar kokawa ta ƙasa ta farko a 1975, wadda Kantu na Maraɗi ya lashe, kuma har gobe in ana gasar kokawa ta takobi ƙasa gaba ɗaya kunnenta na kan rediyo. Wanda ya san fili zai ga kirari da tsuma da zagayen da ɗan kokawa ke yi kafin a kama, duk a jikin kwaɗon tsumma. Da kwamfuta ta zo, yana da furfura ya zauna ya koye ta, ya kuma zaunar da samarin gari yana koya musu. Hausawa suka ce guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni. Ban san wanda ya rayu a kan wannan karin magana kamar mutumin nan ba.

A watan Fabrairu 2004, a kan hanya kusa da Birnin Ƙonni, motar da yake ciki tare da Jean Rouch da matarsa da Damure Zika ta yi haɗari. Rouch ya mutu nan take yana da shekara 86, aka binne shi a Yamai. Mustafa ya tsira. A 2007 Faransa ta ba shi lambar girma ta Légion d'honneur a bikin Cannes, a 2009 kuma Maria Silvia Bazzoli da Christian Lelong suka yi fim a kan rayuwarsa. Allah ya yi masa rasuwa ranar 17 ga Maris 2015 a Wagadugu. Bayan shekara biyu gidan adana fasaha na MoMA a New York ya shirya nuna ayyukansa jere.

Irin da ya shuka bai mutu ba. Sani Magori, ɗan Galmi, wanda ya karanta aikin gona, ya ɗauki noman albasar garinsu a 2008, ya nuna yadda auren 'ya ke rataye da farashin buhu. A Koukan Kourcia na 2010 ya nemo Zabiya Husai, wadda waƙoƙinta suka zuga mazan yankin suka tafi bariki, ya ɗauke ta har Abijan don ta yi wa mahaifinsa waƙar da za ta dawo da shi gida. A'isha Maki ta Damagaram ta yi L'Arbre sans fruit a 2016 kan matan da ba su samu haihuwa ba, tana farawa da kanta, sannan a 2021 ta shiga unguwar Kara-Kara ta zauna da samarin da gari ke tsoro. Yawancin maganar da ke cikin waɗannan fina-finai da Hausa ake yinta, kuma sun zaga duniya.

Abin da ke ci mini rai shi ne a gida ne ba a gan su ba. Matashin da ke harkar fim a Kano zai lissafa maka tarihi daga Turmin Danya na 1990, in ya zurfafa ya ambaci Shaihu Umar na Adamu Halilu na 1976. Da wuya ya san cewa wani mutumin ƙasar da ke maƙwabtaka da shi ya yi katun da hannunsa tun 1965. Laifin ba nasa ba ne. Iyakar da Turawa suka ja ta raba mu da harshen boko, fina-finan suna ajiye a Turai da sunayen Faransanci, kuma ba wanda ya kawo masa su. Amma gyaran wannan yana hannunmu. Masu fassara fim ɗin Indiya zuwa Hausa sun nuna cewa sa wa fim murya ba gagara ba ne. A nemi izni a yi wa Sim da Jimi da Tula haka. Jami'o'in Yamai da Tawa da Kano da Sakkwato, da makarantar fim ta Jos, su sa su cikin abin da ɗalibi zai gani kafin a ba shi takarda. Gidajen talabijin ɗinmu su ba su ko da awa ɗaya a mako.

Sannan ga ku matasa masu cewa ba jari, ba kayan aiki. Wayar da ke aljihunku ta fi duk kyamarar da Mustafa Alasan ya fara aiki da ita, kuma ba sai kun aika Faransa an wanke ba. A unguwarku akwai maƙeri da 'ya'yansa suka ƙi gadon maƙera, akwai tsohuwa mai waƙar daɓe da ba wanda ya karɓa daga bakinta, akwai marini da ke kallon rijiyoyin baba suna cikewa da shara. Ku je ku gaishe su, ku nemi izninsu, ku zauna ku ɗauka tun suna da rai.